Fiyanon lantarki na gida: wanne ya kamata in saya?

Uwar Biyu:
Salamu alaikum jama'a. 'Yata mai shekara 10 ta fara koyon fiyano a makaranta, malaminta ya ce a samo mata na gida don ta riƙa bita. A shago an nuna min kibod mai maɓalli 61 da muryoyi ɗaruruwa, har da ganga da sarewa, sai wani dogo mai maɓalli 88 wanda muryoyinsa ba su wuce goma ba amma ya fi tsada. Me ya sa haka? A Kaduna muke, kun san halin wuta da ƙura. Don Allah a ba ni shawara.

Malamin Kiɗa:
Wa alaikumus salam Hajiya. Kuɗin da kika gani na maɓallan ne, ba na muryoyi ba. Kibod mai 61, irin su Yamaha PSR-E373, sifirin ne a ƙarƙashin kowane maɓalli, da an taɓa ya nutse. Fiyano na gaske kuwa guduma ce ke bugun waya a ciki, don haka maɓallin yana da nauyi, kuma na ɓangaren hagu masu kaurin murya sun fi na dama nauyi. Na lantarki mai kyau yana kwaikwayon wannan da 'yan gudumomin ƙarfe. Yaron da ya saba da mai sifirin, ranar da ya zauna gaban na gaske yatsunsa za su gaji nan da nan, kuma ba zai iya bambanta bugu a hankali da bugu da ƙarfi ba. To wannan bambancin shi ne rabin karatun.

Saboda haka ki nemi mai maɓalli 88, farare 52 baƙaƙe 36, masu nauyin guduma. A matakin farko ga waɗanda aka fi sani: Yamaha P-45 da magajinsa P-145, Roland FP-10, da Casio CDP-S110. A ganina FP-10 ya fi su daɗin taɓawa, don maɓallansa iri ɗaya ne da na FP-30X da ya fi shi tsada, sai dai sifikarsa ba ta da ƙarfi sosai. Idan aljihu ya yarda a hau mataki ɗaya: FP-30X, Yamaha P-225 ko Kawai ES120.

Kada ki yarda da abin da ke rubuce a kwali kawai. Ki je da yarinyar. A kashe fiyanon tukuna, a danna maɓalli na can hagu da na can dama, a ji ko nauyinsu ya bambanta. Sannan a kunna, a danna maɓalli ɗaya a hankali ƙwarai, a riƙa ƙara ƙarfi kaɗan-kaɗan. Ya kamata muryar ta riƙa tashi a hankali, ba ta yi tsalle daga raɗa zuwa ihu ba.

Injiniya Mai Gyara:
Malam ya gama maganar maɓalli. Ni ta wuta zan yi, don abin da ya fi kashe su ke nan a nan ƙasar.

Fiyanon ba ya cin wuta, bai kai abin da fanka ɗaya ke ja ba, ƙaramar inbata ko sola ta riƙe shi. Matsalar tana wajen adafta. Wutarmu bolt 230 ce. Tokumbo da ya fito daga Japan yakan zo da adaftar bolt 100, na Amurka kuma 120. A karanta rubutun jikin adaftar kafin a jona: idan ba a ga 100–240 ko 220–240 ba, kada a saka. Kuma kada a ɗauko adaftar dikoda ko ta rediyo don kawai bakinta ya shiga. Dole bolt ya zo daidai da abin da aka rubuta a bayan fiyanon, P-45 misali 12 yake so, ƙarfinta kada ya gaza, kuma a duba zanen da ke nuna ko tsakiyar bakin ƙari (+) ne ko ragi (−). Aka juya wannan, allon ciki na iya ƙonewa, kuma gyaransa ba arha ba. A haɗa da sitabilaiza, a zare soket duk lokacin da za a tada janareta ko aka ɗauke wuta.

Sai ƙura. Ƙarƙashin maɓallan akwai doguwar roba mai 'yan ƙusoshin baƙi da ke taɓa allo ɗaya bayan ɗaya. Tazarar lokacin da ke tsakanin taɓawar farko da ta biyu ita na'urar ke aunawa ta san ƙarfin bugu. Ƙurar hunturu ta shiga nan, sai ki ji maɓalli ɗaya yana ihu ko yaya aka lallaɓa shi, ko ya yi shiru gaba ɗaya. Mayafi mai kauri ya isa rigakafi, a rufe kullum bayan bita. Kada a fesa mai ko maganin sauro a kai, kada a ajiye shi jikin taga inda rana ke duka.

Idan na hannu za a saya, a buga duk 88 ɗin ɗaya bayan ɗaya, sau biyu: a hankali, sannan da ƙarfi. Kada a ji kunyar mai shago, minti goma ne. A gwada ramin hedifon, a ƙure murya a ji ko sifika na karkarwa.

Ɗan Kwaya:
Ni ban yarda a ce kibod mai 61 ba shi da amfani ba. Wanda burinsa rakiyar waƙa a coci ko situdiyo, da ganga da sauran muryoyi, shi ya fi masa. Amma tunda malamin fiyano ne ya aiko, maganar Malam ce daidai.

Abin da ba a faɗa ba shi ne feda, wato abin da ake takawa da ƙafa don muryar ta riƙe bayan an saki maɓalli. Wadda ke zuwa a kwalin masu arha 'yar ƙaramar roba ce mai gudu a kan tayil, a sayi ta ƙarfe. Kuma ba kowace feda ke shiga kowane kamfani ba: wata sai ta yi aiki a juye, muryar ta riƙe in an ɗaga ƙafa, ta yanke in an taka. A nemi mai ɗan makunni a gefe na sauya wannan. A jona ta kafin a kunna fiyanon, kuma kada a taka ta lokacin kunnawa.

Uwar Biyu:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka. Mai shagon ya ce wani yana fitar da sauti 64 lokaci guda, wani 192. Wannan fa? Kuma zan iya ɗora shi a teburin cin abinci?

Malamin Kiɗa:
Ga mai koyo 64 ya wadatar, Hajiya. Sai an kai ga manyan kiɗe-kiɗe masu yawan taka feda ake jin sautukan farko suna yankewa. P-45 yana da 64, FP-10 96, P-225 192. Kada wannan ya sa ki ƙara kuɗi.

Teburi kuwa a'a. Yakan yi tsawo, in an ɗora kaurin fiyanon sai yarinya ta riƙa ɗaga kafaɗa, wuyan hannu ya yi ciwo. Saman fararen maɓallai ya kasance wajen santimita 72 zuwa 75 daga ƙasa, damtsenta a miƙe daidai da su idan ta zauna. Ki tanadi wuri mai faɗin mita ɗaya da rabi. Ƙafar ƙarfe mai siffar X in za a saya a ɗauki mai ƙarfe biyu-biyu, mai ɗaya tana rawa. Idan ƙafafun yarinyar ba su kai ƙasa ba a sa mata ɗan akwati ta taka. Idan kuma rashin wuta ya fi damun ku, Casio CDP-S110 yana aiki da batir AA guda 6.