Neman kalma: "far right" da "antisemitism" a rubutun ƙasan fim

Tafinta: Assalamu alaikum. Akwai fim ɗin bincike kan ƙungiyoyin Nazi na Jamus da za a miƙa fassararsa ranar Alhamis. Ya taɓo harin birnin Halle na Jamus na 9 ga Oktoba 2019, lokacin da ɗan bindiga ya kasa ɓalle ƙofar wurin ibadar Yahudawa, ya kashe mutum biyu a waje. Kalmomi biyun nan na sama suke ta maimaituwa. Layi bai wuce harafi 42 ba, layi biyu a allo.

Ɗan Jarida: Ta biyun babu wuya: ƙyamar Yahudawa. Haka gidajen rediyo ke faɗa. Ta farko kuwa, masu tsattsauran ra'ayi.

Hajiya Edita: Ƙanena, in ka bar shi haka tsirara, mai kallo zai ɗauka Boko Haram ake nufi. Ra'ayin riƙau kuma zai haɗa har da CDU, babbar jam'iyyar nan ta Jamus. Sai dai "masu tsattsauran ra'ayin ƙyamar baƙi", amma harafi 36 ke nan, ya cinye layi.

Malamin Harshe: Kullum sai bayani mai tsawon igiya! "Right" dama ke nan, asalin kalmar daga majalisar Faransa ne a 1789, masu goyon bayan sarki suka zauna a dama. A ce damanci, masu yinsa Damawa. Kamar Kanawa, Katsinawa.

Ɗan Jarida: Allah gafarta Malam, wanda ya ga "damawa" a allo fura zai tuna. Kuma a wurinmu dama yabo ce: na hannun dama, littafi a hannun dama. Sai ka wanke mutanen da fim ɗin ke tona wa asiri.

Malamin Harshe: Ku 'yan rediyo kun saba da aron baki. Da "jami'a" ma baƙuwa ce, aka saba. Harshen da ba ya ƙirƙira bara yake yi.

Na Damagaram: In Kano ta ƙirƙira a ce daidaitacciya, in mu ne a ce karin harshe. Mu nan daga Faransanci muke fassarawa, ba wanda ya taɓa tambayarmu.

Hajiya Edita: Ku bar wannan. Ga matsalar gaske: a rubuce "baƙi" na iya zama baƙin fata ko baƙin ƙasa, murya ce ke rarrabewa. Kuma Yahudawan Jamus 'yan ƙasa ne, don haka ƙyamar baƙi ba ta rufe Halle ba. 

Na Damagaram: "Antisemitism" daga sunan Samu ɗan Annabi Nuhu ta fito, ai Larabawa ma zuriyar Samu ne.

Ɗan Jarida: Wilhelm Marr, wani ɗan jaridar Jamus, ya yaɗa kalmar a 1879, Yahudawa kaɗai yake nufi. Kada kuma a musanya Yahudawa da Isra'ila, ɗaya al'umma ce, ɗaya gwamnati.

Tafinta: To ga abin da zan yi. Ƙyamar Yahudawa ta zauna. Farkon ambaton "far right": masu tsattsauran kishin jinsi. Inda fim ɗin kansa ya ce Nazi, 'yan aƙidar Nazi.

Hajiya Edita: "Jinsi" yanzu ana jinsa da mace da namiji. Sa "launin fata" ko "ƙabila".

Tafinta: Kishin ƙabila ke nan. Na gode, Hajiya.

Malamin Harshe: Wannan faci ne. Na yarda don Alhamis kawai, damanci na nan.