Tun da maigidana ya dawo daga hannun 'yan bindiga bai koma daidai ba

Assalamu alaikum 'yan uwa. Don Allah a sakaya sunana. Maigidana ɗan kasuwar hatsi ne. 'Yan bindiga suka tare motarsu a hanyar Birnin Gwari suka kora su daji. Sai da muka sayar da gona aka haɗa kuɗin fansa, Allah Ya kuɓutar da shi. An yi watanni da dawowarsa, raunukan ƙafarsa duk sun warke, amma mutumin da na sani ba shi ne a gidan nan ba.

Ba ya barci. In ya samu ya runtsa, sai ya farka a firgice, gumi ya jiƙa shi sharkaf. Da ya ji ƙarar babura a layi zai miƙe ya laɓe bayan ƙofa jikinsa na ɓari. Rannan ina gyaran gado na tsinci gutsuren burodi a ƙarƙashin filonsa. Autanmu ya taɓa shi ta baya da wasa, ya kwaɗa masa mari, sannan ya shige ɗaki yana kuka. Ga ciwon kai, ga faɗuwar gaba, ga ciwon ciki. An sha maganin taifot da na olsa, shiru. Hajiyarsa ta ce iska ya kwaso a daji. Yanzu kuma ya fara shan ƙwayar barci daga kemis. Ina mafita?

Wata 'yar uwa:
Allah Ya ba shi lafiya. A dage da ruƙiyya da azkar. Kuma ki riƙa tuna masa ya gode wa Allah, mutum nawa aka shiga da su ba su fito ba?

Wani direba:
Hajiya, ki yi mini afuwa, amma wannan maganar ce ta fi ci mini rai lokacin da ni ma na fito daga hannun 'yan bindiga. Ai mu muka san waɗanda ba su fito ba, tare aka ɗaure mu. Duk wanda ya ce mini haka, sai na ji kamar laifi na yi da na rayu, na ja bakina na yi gum. Ke kuma mai tambaya, kar ki matsa masa da "me suka yi maka?" kuma ki rage masa 'yan jaje masu son jin labari. Ran da ya ga dama ya fara ba ki labari, ki saurara kawai. Burodin nan ki bar masa, wanda ya kwana da yunwa a daji ya san dalili. A gaya wa yara su riƙa sallama kafin su matso kusa da shi.

Ma'aikacin jinya:
Abin da kika lissafa sananne ne a asibiti, likitoci suna kiransa PTSD, wato firgicin da ke zama a jiki bayan mummunan tashin hankali. Idan mutum ya shiga haɗari, jiki na sakin sinadarai irin su adirenalin, zuciya ta ƙara gudu, tsoka ta ɗaure, ciki ya rage aiki, don a samu gudu ko kare kai. Shi ya bar daji, amma jikinsa bai yarda an tsira ba. Shi ya sa babur ke tayar da shi, kuma shi ya sa maganin olsa bai yi komai ba. Mutane da yawa abin kan lafa musu cikin 'yan makonni. Idan ya wuce wata guda yana hana barci da neman abinci, sai a ga likita.

Ƙwayar nan ce ta fi damuna. In irin su diyazefam ce, Hukumar Lafiya ta Duniya tun 2013 ta ce kar a riƙa ba da su don firgici ko rashin barci a watan farko bayan tashin hankali irin wannan, kuma jiki na sabawa da su. Amma kar ya yanke ta lokaci guda, ku tafi wa likita da kwalin. Akwai asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya a Barnawa cikin Kaduna, akwai a Kware da Maiduguri, a Kano akwai na Dawanau da sashen da ke Asibitin Malam Aminu Kano. Babban maganin zama ne da ƙwararre a kai a kai, wani lokaci a haɗa da ƙwaya. Idan kika ji yana cewa gara ya mutu, kar a kwana, a kai shi ranar.

Wani malamin Islamiyya:
Ba raunin imani ba ne. Annabi Yaƙubu, amincin Allah ya tabbata a gare shi, idanunsa sun yi fari saboda baƙin ciki, yana cikin Suratu Yusuf aya ta 84. A yi addu'a, a je asibiti, ɗaya ba ya hana ɗaya.

Mai tambaya:
Na gode, Allah Ya saka da alheri. Matsalar, in na ambaci Barnawa zai ce na mayar da shi mahaukaci, Hajiya ma ba za ta yarda ba.

Ma'aikacin jinya:
To kar ki fara da can. Ki ce a je babban asibiti kan rashin barci da faɗuwar gaba, ai gaskiya ne. Ki sanar da likita batun garkuwar, shi zai tura shi inda ya dace. Hajiya kuma ki nemi yayansa ko wani kawunsa da take jin maganarsa ya same ta.