Wai Ava DuVernay furodusa ce mai zaman kanta?

Sani: Wallahi na gaji. Na rubuta labarin fim kan mutanen da ke tsare shekara da shekaru ba a yanke musu hukunci ba, duk mai kuɗin da na tunkara sai ya ce in sassauta ko in nemi wani. Alhali ga Ava DuVernay a Amurka, furodusa mai zaman kanta, da dala dubu 50 na aljihunta ta yi fim a 2010. A 2012 ta ci kyautar darakta a bikin finafinai na Sundance da labarin matar da mijinta ke kurkuku. Fim kan zalunci yana da masu kallo, masu kuɗi ne matsorata.

Malam Habu: Mai zaman kanta? Wadda Disney ta damƙa wa fim na sama da dala miliyan 100 a 2018? Haba Sani.

Maman Hanifa: Malam, aiki aka ɗauke ta, ta yi ta gama. Kamfanin ARRAY nata ne, shi ke rarraba finafinan mata da baƙar fata waɗanda manyan kamfanoni suka kau da kai gare su.

Malam Habu: To fim ɗinta 13th fa, na 2016? A Netflix ya fito. When They See Us ma haka. Wanda ya biya shi ke da bakin magana.

Maman Hanifa: Ka ga an toshe mata baki a cikin When They See Us? Labarin yara biyar ne da aka ɗaure kan laifin da ba su yi ba a New York a 1989, sai 2002 aka wanke su. Ta nuna yadda 'yan sanda suka tsare su da tambayoyi har suka amsa laifin, ta ambaci masu gabatar da ƙara da sunayensu.

Auwal: Ni dai darakta na san ta, ba furodusa ba.

Sani: Duka biyun take yi. Don Allah mu koma kan maganata.

Auwal: Malam Habu, ka ma kalli ko ɗaya kuwa? Bara ma haka ka soki gajeren fim ɗina ba ka gani ba.

Malam Habu: Yaro, na gani. Sautinsa ne ba ya fita, har yau kana riƙe da ni?

Auwal: Kar ka ƙara ce mini yaro.

Maman Hanifa: Fim ɗinta Origin na 2023 ma gidauniyoyi irin su Ford ne suka sa kuɗi, ba situdiyo ba.

Malam Habu: Gidauniya ba ta da manufa ke nan?

Admin: Na rufe nan. Abin da aka tsayar: DuVernay mai zaman kanta ce, Maman Hanifa ta kawo hujja ba wanda ya iya karya ta. Malam Habu musu kawai yake so. Auwal, ka ba babba haƙuri ta inbox. Sani, batun kuɗinka ka sake ɗaga shi wani lokaci.