"Rana dubu ta ɓarawo, rana ɗaya ta mai kaya": wace ce ranar, kuma wane ne mai kayan?

Sani Aboabo: Assalamu alaikum. Daren jiya a teburin mai shayi aka tuno harin da 'yan fashi suka kai wa motar kuɗi a Jamestown, Akra, a watan Yunin 2021, inda suka harbe ɗan sandan da ke rakiya da wata mata 'yar kasuwa. Wani dattijo ya ajiye kofinsa ya ce, "Rana dubu ta ɓarawo, rana ɗaya ta mai kaya." Sai wani saurayi ya ce wannan karin maganar ta mutu a Gana tun 1993, shekarar da aka zartar da hukuncin kisa na ƙarshe. Har mai shayi ya kashe wuta ba a daidaita ba. Iyayenmu da malamanmu, ranar mai kaya ranar kamu ce, ko ranar shari'a, ko ranar da aka kashe ɓarawon?

Baba Ɗanladi Yalwa: Wa alaikumus salam, ɗana Sani. Ni na ga irin wannan ranar da idona. Zamanin PNDC, gwamnatin soja ta Rawlings, akwai wani yaro a layinmu. Da kajin maƙwabta ya fara, ya koma yankan aljihu a kasuwar Kejetiya ta Kumasi. Duk wanda ya kai ƙara, uwarsa ta kwance bakin zani ta biya, ta ce a rufa asiri. Wata rana da dare shi da abokansa suka fasa shago, ɗan sanda mai sintiri ya ritsa su, yaron ya harbe shi. Kotun jama'a ta wancan lokaci, wadda muke kira tiraibunal, ba ta ɗau dogon lokaci ba. Aka yanke masa harbi, kuma aka harbe shi. Uwar ba ta ga gawa ba. Rigarsa ɗaya ta rage mata, shuɗiya, takan wanke ta ta shanya duk Juma'a har ta rasu. Mutanen unguwa sun yi ta faɗin karin maganar nan a ranar, ni ma na faɗa. Amma ban taɓa iya faɗinta a gaban tsohuwar ba.

Malam Habibu: Baba, Allah ya ƙara girma. A ganina an ɗora wa maganar kayan da ba nata ba. Hausawa sun yi ta ne a kan dukiya: akuya, buhun masara, tukunya. Ranar mai kaya ita ce ranar da dubu ta cika, aka kama ɓarawo da abin a hannunsa, mai shi ya karɓi abinsa. To wanda aka kashe fa, me za a mayar masa? In jini ya shiga, karin maganar da ta dace ita ce "alhaki kwikwiyo ne, mai shi yake bi." Kuma a Suratul Baƙara aya ta 178 an ba dangin mamaci zaɓi, ko kisasi ko su yafe su karɓi diyya. Su ne masu kaya.

Ustaz Nuhu: Malam, da izininka zan ɗan gyara. Wannan zaɓin a kisan da ba na fashi ba ne. Wanda ya tare hanya da makami ya yi kisa, hukuncinsa na hiraba ne, aya ta 33 a Suratul Ma'ida, kuma a wurin malamanmu na Malikiyya yafewar dangi ba ta kuɓutar da shi, domin ya keta amincin kowa da kowa. Ɗan sandan nan don ni da kai yake tsaye cikin sanyi. Gari duka ne mai kaya.

Malam Habibu: Na karɓa, Ustaz. Allah ya saka.

Mma Rabi: Ku yi mini haƙuri, ni ba malama ba ce. Ƙanena ɗan sanda ne, 'yan fashi suka kashe shi a kan hanya yana bakin aiki. Shekara huɗu muna zaryar kotu. Yau lauya bai zo ba, gobe ɗaya daga cikin mutum bakwai ɗin da ke taya alƙali yanke hukunci ba shi da lafiya, jibi a ce a dawo wata mai zuwa. Kuɗin trotro, wato motar haya, kaɗai ya cinye mini jarin kokona. Ranar da alƙali ya ce kisa, mutane suka riƙa kama hannuna suna cewa, "Mma, yau ranarki ce." Na dawo gida na tarar da 'yarsa ƙarama tana wasa da hular aikinsa. Wallahi ban ji wata rana ta zo mini ba. Abin da ya ɗan sanyaya mini zuciya guda ne: an kira sunan ƙanena a gaban alƙali, an ce wannan ne ya kashe shi, shi ma yana tsaye yana ji.

Sani Aboabo: Allah ya jiƙansa, Mma, ya raya abin da ya bari.

Ummi Sabon Zango: Amin. Yaya Sani, ga yadda doka take yanzu. Ranar 25 ga Yulin 2023 majalisar dokoki ta amince da ƙudurin da ɗan majalisar Madina, Francis-Xavier Sosu, ya kawo, na maye gurbin hukuncin kisa da ɗaurin rai da rai a laifuffuka irin su kisan kai. A lokacin mutum sama da 170 ne ke jiran a kashe su, akasarinsu a kurkukun Nsawam. Hukuncin kisa a kan cin amanar ƙasa yana nan, don yana cikin tsarin mulki. Ni ban yarda karin maganar ta mutu ba. Ai ba ta ambaci bindiga ko igiya ba. Rana kawai ta ce.

Garba Direba: Ummi, ke yarinya ce, ba ki kwana a daji a hanyar Tamale da bindiga a ƙeyarki ba. Wanda ya kashe mai kaki yana cin tuwon gwamnati har tsufa, wannan ranar ɓarawo ce ta dubu da ɗaya. Shi ya sa mutane ke gama aikin da kansu in sun kama.

Isiyaku Asawase: Kawu Garba, a nan ne zan saɓa maka, kuma da zafi. Mu 'yan Asawase ta Kumasi mun san abin da wannan maganar ke haifarwa in ta faɗa bakin mai fushi. A Yulin 2018 'yan fashi suka kashe ɗan sanda a yankin Manso Nkwanta. Kwanaki kaɗan bayan haka aka harbe mutum bakwai na zangonmu, aka ce su ne ɓarayin. Da labarin ya fara zuwa, kafin a ji sunaye, na ji wani a tasha yana cewa "rana ɗaya ta mai kaya." Da yamma ya gane ɗaya daga cikinsu sahu ɗaya suke sallah. Kwamitin da gwamnati ta kafa bai sami hujjar cewa 'yan fashi ne ba, aka dakatar da 'yan sanda 21, aka ba kowane gida sidi 250,000. Ka tuna kuma Manjo Maxwell Mahama a Denkyira-Obuasi, 2017: soja ne, ihun ɓarawo aka yi masa, aka kashe shi da duwatsu da sanduna. Karin maganar tana da sharaɗi a cikinta, sai an tabbata ɓarawon ne. Wa zai tabbatar in an kashe shi kafin ya buɗe baki?

Garba Direba: Na Asawase ya ƙona mini rai ni ma, na je jana'iza. Amma har yanzu ina kan bakana a kan wanda kotu ta tabbatar.

Mma Rabi: Garba, wanda ya kashe ƙanena yana Nsawam har yau. An ce mini ya yi furfura. 'Yar da na ba ku labari bana za ta gama sakandare, kuma ta ce aikin babanta take so. Na kasa ce mata e, na kasa ce mata a'a. Baba Ɗanladi, in kana Yalwa ranar Juma'a zan turo ta ta gaishe ka, ka yi mata magana.