Musayar Waƙa: Kujeru 720 na Majalisar Turai, Wa Ya Ci Riba?

Malam Tsohon Ɗan Jarida, Kano

Assalamu alaikum. Yau mun leƙa Turai, batun zaɓen majalisar tarayyarsu da yadda wakilai suka rarrabu bayan an gama. Ga tawa, mai ja ya ja da baiti.

Da sunan Allah nake farawa,
Mai ba da mulki, Mai karɓewa,
Salati ga Manzo babu tsayawa,
Da alai, sahabbai, taron shiriya.

A watan Yuni na 2024,
Turawa sun fito, Arewa da Kudu,
Kwana huɗu ana zaɓe ba gudu,
Ƙasa 27 suka ɗau aniya.

Kujeru 720 ne a faifai,
Jamus na da 96, ta fi kowa sarai,
Faransa 81, Malta shida kawai,
Ƙarama ma ba a bar ta a baya.

Daren Lahadi aka buɗe akwati,
A Faransa jam'iyyar Le Pen ta kā da ta gwamnati,
Macron bai tsaya ɓata ko minti,
Ya rushe majalisar ƙasarsa gaba ɗaya.

A Jamus jam'iyyar AfD ce ta zo ta biyu,
Ta haye jam'iyyar shugaban gwamnati Scholz, abin ya yiwu,
Firaminista Meloni a Italiya 24 ta samu,
Masu ƙyamar baƙi sun ɗaga wuya.

To ni hukuncina ga shi a fili,
Turai ta karkata, ta sauya hali,
Mai neman biza ya bi a hankali,
Hanyar da ya sani ta cika da ƙaya.

Goggo Ta-Damagaram

Wa alaikumus salam. Malam, a gafarce ni, ƙuri'a ka ƙirga, ba ka bi masu ita ka ga inda suka zauna ba.

Malam, waƙarka ta yi armashi,
sai dai a bakin ƙofa ka tsaya ka kwana.

Can ba a jera mutane da tutar ƙasa,
ra'ayi ake ɗorawa a sikeli a auna.

Wakilai 23 ake so ku tara,
daga ƙasa bakwai, kafin a rubuta muku suna.

In kun cika, ga kuɗi ga ma'aikata,
ga lokacin magana, ga kwamiti ku zauna.

In ba ku cika ba sai kujerun baya,
ka yi ta ɗaga hannu har faɗuwar rana.

To mutanen da ka ce sun ɗaga wuya,
gida uku suka yi, kowa ya ja nasa ya gina.

Orban na Hangari ya tafi Vienna ƙarshen Yuni,
shi da Babis na Cek da Kickl na Ostiriya suka riƙe hannun juna.

Le Pen ta biyo da kujerunta 30,
suka kai 84, aka danƙa wa shugaban jam'iyyarta Bardella amana.

Meloni ta ce ni ina nan ƙungiyar 'yan riƙau ta ECR,
da 'yan Polan mu 78 ne, ba na barin wurina.

AfD kuwa tun a Mayu ƙungiyar su Le Pen ta sallame ta,
ɗan takararta ya sassauta wa dakarun SS na Hitler a magana.

Ta bi ƙananan jam'iyyu tana tsintowa,
suka tashi 25, biyu tak suka ɗara abin da na zana.

Haɗa 84 da 78 da 25, Malam,
187 ne, da ɗaya babbar ƙungiya EPP ta fi su a allona.

Da sun haɗe da an ji a jika,
amma yaƙin Yukren ya hana su shan inuwar juna.

Meloni na bayan Kyiv ba ɓoye-ɓoye,
Orban ya bi Putin har Mosko suka gana.

Ɗan Agadas

Goggo, barka da war haka. Ɗanki ne, ba gardama na zo yi ba, ƙari ne.

Goggo, lissafinki ba mai ja da shi,
Gida uku ne, kowa da jagoran shi,
Amma abin da suke nema an riga an ba su shi,
Tun ba a kai ranar zaɓen ba da jefawa.

A Afrilu, saura wata biyu a yi zaɓe,
Majalisar ta yi dokar ƙaura, ta keɓe
Mai neman mafaka a bakin iyaka kafin a karɓe,
Wanda bai dace ba a gaggauta mayarwa.

Wa ya ɗaga hannu? Ba su Orban ba ne,
EPP ce da 'yan gurguzu, na tsakiya ne,
Tsoron kada ƙuri'a ta sulale musu ne,
Ya sa suka ɗau waƙar abokan hamayya suna rerawa.

Mu nan Agadas mun san tsawon hannun Turai,
Dokar hana safarar baƙin haure ta 2015 ta zo, tasha ta koma kufai,
An kama direbobi, an tsare motoci, sai tagumi kawai,
Sai Nuwamban 2023 sojoji suka zo da sokewa.

A 2015 ɗin nan Le Pen ba ta da rinjaye,
Meloni ba ta hau ba, tana gefe a tsaye,
Na tsakiya ke mulki, su ne iyaye,
To Goggo, me ta rage mana, wannan rabuwa?

Baban Zango, Kumasi

Na daɗe ina sauraronku. Kowa ya zuba ido kan masu ihu, an bar mai shiru yana cin moriya.

'Ya'yana ku saurara, Malam ka matso,
Kun bar mai riba ya sulale ta saƙo,
Manfred Weber na EPP nake so ku hango,
Mai 188, shi ke raba aiki.

Mai mata biyu ne, ku gane shi da kyau,
Uwargida 'yan gurguzu, 136, zaman ba na yau,
Ga Renew ta masu sassaucin ra'ayi a ɗakinta, 77, jiki ya yi sanyi ƙalau,
Can yake kwana ran da ake rabon mulki.

Ran 18 ga Yuli aka zo zaɓen shugabar zartarwar Tarayya, wato Hukuma,
Von der Leyen na neman karo na biyu ta koma,
401 ta samu, 'yan kare muhalli sun sa hannu su ma,
Mutanen Meloni suka ce ba mu ba ki.

Metsola 'yar Malta ta riƙe shugabancin majalisa da 562,
Ƙungiyar Bardella ce ta uku, amma ba ta samu
Mataimaki ko shugaban kwamiti ba, an haɗa kai an hana su,
An zagaye su da shinge, an kulle ɗaki.

Amma wata biyu tak, Satumba na kamawa,
Batun Venezuela ya zo ana tattaunawa,
Sai ga maigida wajen amarya, masu ƙyamar baƙi, da 'yan Orban yake jefawa,
Uwargida ta riƙe haɓa don mamaki.

A Nuwamba kuma dokar sare daji ta taso,
Wadda manoman koko a nan Gana ke fargabar ta iso,
Ya sake bin amarya ya nemi sassaucin da yake so,
Duk ɗakin da ya ga dama nan yake ajiye jiki.

Ga wanda bai san dokar ba: ita ce ta ce duk koko, kofi, katako ko manja da za a shigar kasuwarsu sai an nuna ba daga gonar da aka sare daji bayan 2020 ya fito ba. A ƙarshen 2024 an ɗaga fara aikinta da shekara guda. Abin da nake so ku lura da shi, 'yan gurguzu da Renew da 'yan kare muhalli da 'yan hagu, ko duk sun taru 312 ne, ba su kai rabin zauren ba. Masu ƙyamar baƙi su ma ba su kai ba. Kowa sai ya bi ta hannun EPP, ita kuwa tana da zaɓi.

Auta 'Yar Jami'a, Zariya

Baba, Goggo, Malam, ku ba auta dama,
Ta faɗi waɗanda ba ku ambata ba su ma.

'Yan kare muhalli sun haura 70 a 2019,
Yanzu 53, tsadar wuta da fushin manoma sun ja musu asara.

'Yan hagu 46 ne, har da Ilaria Salis 'yar Italiya,
Tana tsare a Hangari ƙuri'a ta buɗe mata hanya.

A tsibirin Saifurus, Fidias mai wasan YouTube ya tsaya,
Ba jam'iyya ba ubangida, ya zo na uku ya ci kujera ɗaya.

Abin da ke ba ni dariya har in riƙe ciki,
Sau 12 a shekara a bar Brussels a tafi Strasbourg aiki.

Kwana huɗu a kwaso akwatuna a dawo, haka yarjejeniya ta zana,
Faransa ta kafe a kai, ko nawa za a yi ɓarna.

Tambayata Malam: rabin masu zaɓe sun fito a can,
Namu na ECOWAS a Abuja, wa ya zaɓe su, yaushe aka yi hakan?

Malam Tsohon Ɗan Jarida, Kano

Auta, Allah Ya yi albarka, kin sa tsoho dariya. Adadin da zan ba ki na tsarin asali ne, tun ƙasashen na 15.

'Yata, tambayarki gajeriyar amsa gare ta,
Majalisar ECOWAS ba talaka ke zaɓen ta,
Majalisun ƙasashe ke tura wakilai cikinta,
35 cikin 115 ne rabon Najeriya.

Su Turai tun 1979 suke jefa tasu,
Amma ko su, doka ba daga zauren take taso musu,
Hukuma ke kawowa, su gyara ko su ƙi abinsu,
Sai ministocin ƙasashe sun yarda ta zama gaskiya.

Goggo, na ji 187, ban ja ba,
Amma a 2019 ai ba su kai haka ba,
Amaryar da Baba ya faɗa ba don ado aka yi ta ba,
Ran da ta karɓi makullin rumbu, uwargida ta nemi hanya.

Goggo Ta-Damagaram

Malam, amaryar taka ai su uku ne,
ko kwana ba su raba ba suna hararar juna.

Le Pen ba ta son a gan ta da AfD,
jam'iyyarta na hangen fadar Faransa, tana wanke suna.

Meloni ta ƙi von der Leyen a akwati,
ta dawo ta kai ɗan jam'iyyarta Fitto, ya zama mataimakin von der Leyen ya zauna.

Wadda ta samu haka ba tare da Orban ba,
me zai kai ta ƙarƙashin Bardella ta ce ubangidana?

Zaɓe na gaba sai 2029,
in sun haɗe kafin nan, Malam, goronka na wuyana.

Ɗan Agadas

Goggo, 2029 ta yi mana nisa,
Ku da Malam ku ci goro, mu muna bakin tasha,
Tsakiyar 2026 aka sa dokar ƙaura ta hau bisa,
Ko sun haɗe ko sun rabu, ita ba ta jiran kowa.