Bhar da Rajbhar na Indiya: mutane ɗaya ne ko biyu, kuma ina asalinsu?

Sani_Tarihi:
Assalamu alaikum. A labaran zaɓen jihar Uttar Pradesh sunan Rajbhar yana yawan fitowa, wasu kuma su rubuta Bhar. A jerin al'ummomi na gwamnati ma kowanne da layinsa. Shin al'umma ɗaya ce? Kuma da gaske ne sun taɓa sarauta, ko zancen 'yan siyasa ne?

Malam Habu:
Wa alaikumus salam. Tushensu ɗaya ne. Bhar shi ne tsohon suna, "raj" kuwa sarauta yake nufi, to Rajbhar kamar ka ce Bhar jinin sarauta. Jati ne, wato rukunin da ake haifar mutum a ciki, ya yi aure a ciki. Sun fi yawa a gabashin jihar, yankin Purvanchal: Ghazipur, Ballia, Mau, Azamgarh, Jaunpur da Varanasi, har zuwa yammacin Bihar. Yawancinsu harshen Bhojpuri suke yi, ƙananan manoma ne ko 'yan ƙwadago a gonakin wasu.

Hujjar sarautar hawa uku ce, kuma inda mutane ke yin kuskure shi ne haɗa su wuri guda. Na farko, ƙasa da bakin mutane. A ƙauyukan yankin za ka ga tudu a bayan gari, kufai ne cike da fasassun tubali da sakaina, gefensa tsohon tafki. Ka tambayi manomi wa ya gina, ya ce maka Bhar, ko da shi kansa Rajput ne, wato ɗan babban jatin mayaƙa da masu ƙasa. Akwai ma gidajen Rajput da tarihin kakanninsu ke cewa daga hannun Bhar suka ƙwace ƙasar. Wannan ita ce ta fi ƙarfi a wurina, don ba a saba ganin mutum ya ƙirƙiro wa na ƙasa da shi sarauta ba. Ana kuma danganta sunan garin Bhadohi da su, kuma a Dalmau ta Rae Bareli ana ba da labarin sarki Dal da sarkin Jaunpur Ibrahim Shah Sharqi ya ci da yaƙi a ƙarni na 15.

Na biyu, rubutun Turawan mulkin mallaka, irin su William Crooke a 1896. Su labaran bakin nan suka tattara, suka ɗora nasu hasashen cewa Bhar 'yan asalin ƙasa ne da suka riga Aryawa, mutanen da aka ce sun shigo arewacin Indiya tun zamanin da. Ba tono suka yi ba, ji suka yi.

Na uku, ƙarni na 20, lokacin da ƙananan jati da yawa suka tashi neman martaba, wasu ta hanyar Arya Samaj, ƙungiyar gyaran addinin Hindu. A 1940 Baijnath Prasad Adhyapak ya buga tarihin Rajbhar yana kafa hujjar cewa su jikokin sarakunan Bhar ne. Yaɗuwar sunan Rajbhar na cikin wannan yunƙurin.

Malama Zainab:
Malam Habu ya tsallake Suheldev, alhali shi ne ƙashin bayan maganar a yau. Labarin shi ne Suheldev sarkin Shravasti ya kashe Ghazi Salar Masud, wani jagoran yaƙi Musulmi, a Bahraich wajen 1034. Amma a duba tazarar: littafin da ya kawo labarin dalla-dalla, Mirat-i-Masudi, Abdur Rahman Chishti ya rubuta shi da Farisanci zamanin sarki Jahangir, kusan shekara 600 bayan yaƙin. Marubutan fadar Ghazni na ƙarni na 11 ba su ambaci Masud ba, duk da an ce ɗan 'yar'uwar sarkinsu Sultan Mahmud ne. Hubbaren Masud dai tsoho ne, don Ibn Battuta ya ziyarce shi a ƙarni na 14. Tsufan hubbare daban, sanin jatin wanda ya yi kisan daban.

Shi ya sa kowa ke jan Suheldev gidansa: Rajbhar na cewa nasu ne, jatin Pasi na cewa nasu ne, Rajput da Tharu ma haka, wasu sun mai da shi mabiyin addinin Jain. Wanda ya ce maka an tabbatar Rajbhar ne, ka ce ya kawo rubutun dutse ko tsabar kuɗi mai sunansa.

Ribar siyasar kuwa a fili take. Om Prakash Rajbhar ya bar jam'iyyar BSP ya kafa tasa jam'iyyar, SBSP, a 2002, da sunan Suheldev a gaba. Kujera 4 ya ci a majalisar jiha a 2017 tare da jam'iyyar BJP, 6 a 2022 tare da jam'iyyar Samajwadi, ya sake komawa wajen BJP a 2023. Narendra Modi ya ƙaddamar da kan sarki mai hoton Suheldev a Ghazipur a Disamban 2018.

Sani_Tarihi:
Na gode ƙwarai. To Malama, in jikokin sarakuna suke cewa su ne, me ya kawo neman a sa su cikin jerin Dalit?

Lauya Bashir:
Ɗan'uwa, martaba a bainar jama'a daban, gurbin aiki daban. A Uttar Pradesh suna cikin OBC, rukunin da aka bari a baya, mai kashi 27 cikin ɗari na guraben aikin gwamnati da makarantu. Matsalar ita ce manyan jati na cikin rukunin, irin su Yadav da Kurmi, su ke kwashe mafi tsoka. Sai Rajbhar suka ga in sun koma jerin SC, wato na Dalit, jatin da aka fi dannewa a can ƙasa, za su fi samu. Suna kuma da wata hujja: Turawa sun sa Bhar na wasu gundumomi ƙarƙashin dokar da ta kira wasu ƙabilu masu laifi tun daga haihuwa, wadda aka fara a 1871, ba a cire musu tambarin ba sai 1952.

Sau uku gwamnatin jiha ta gwada mai da jati 17 zuwa SC, ciki har da Bhar, Rajbhar, Nishad, Mallah da Kumhar: Mulayam Singh Yadav a 2005, Akhilesh Yadav a 2016, Yogi Adityanath a 2019. Duk wuri ɗaya suka yi tuntuɓe. Sashe na 341 na tsarin mulki ya ce majalisar tarayya kaɗai ke da ikon ƙari ko ragi a jerin SC, takardar umarnin jiha ba ta isa ba. Babbar kotun Allahabad ta soke umarnin a Agustan 2022.

Game da layi biyun da ka gani: jami'in da ke ba da takardar shaidar jati sunan da ke cikin jeri yake bi, harafi da harafi. Iyali ɗaya na iya samun Bhar a tsohuwar takardar gonar kaka, Rajbhar a ta makarantar jika. Shi ya sa ake jera sunayen biyu. A yi hattara kuma da alƙaluman yawansu da ake yawo da su lokacin zaɓe, kiyasin jam'iyyu ne, domin ƙidaya ta ƙarshe da aka buga adadin kowane jati a faɗin ƙasar ta 1931 ce.