Tsohon Bitcoin 0.7 ya maƙale min a wajen bulok 252,000, a taimaka da shawara

Sadiq Kabuga: Slm 'yan uwa barkanmu da yamma. Dan Allah ina neman shawarar manya. Furojet ɗina na ƙarshe a makaranta a kan yadda manhajar Bitcoin ta farko ta riƙa jure ƙaruwar masu amfani da ita ne, to sai malamina ya ce kar na tsaya a karatu kawai na kunna tsohuwar da hannuna na gani, na sauke 0.7.2 ta ƙarshen 2012 na ɗora a laftof ɗina, da farko tana ta jawo bulok, wato ƙunshin ma'amalolin da ke jere a sarƙar Bitcoin, lafiya lau amma tana zuwa wajen bulok 252,000 ta tsaya cak, na kashe na kunna shiru. A cikin db.log ga abin da take ta maimaitawa: Lock table is out of available lock entries. Laftof ɗin ram giga 4 ne da tsohon had disk.

Injiniya Bashir: Wslm. Sadiq laftof ɗinka ba shi da laifi a nan, ka taka ainihin wurin da ya raba sarƙar Bitcoin biyu a watan Maris 2013 ne, kuma wlh da ni ne kai a nan zan kafa furojet ɗin gaba ɗaya. Duk basiyon ɗin da ke ƙasa da 0.8 da rumbun bayanai mai suna Berkeley DB suke ajiye bayanai, shi kuma yana da adadin makullan da zai iya riƙewa a lokaci ɗaya yayin da yake rubuta bulok, an saita shi a 10,000, ba wanda ya ɗauki wannan lambar a matsayin dokar Bitcoin don a lokacin bulok ɗin ƙanana ne ba sa kaiwa nan. Da 0.8 ta fito a Fabrairu 2013 sai aka koma LevelDB wanda ba shi da wannan iyakar. Ranar 11 ga Maris wani mai haƙa (masu haƙa su ne ke fitar da sababbin bulok a ba su lada) da ke kan 0.8 ya fitar da bulok 225,430 mai taɓa ma'amaloli da yawa, sababbin nod, wato kwamfutocin da ke tantance bulok, suka karɓa tsofaffi suka ƙi, aka wayi gari sarƙa biyu kowacce na tafiya da mutanenta har bulok 24. Abin da ya ceci lamarin shi ne manyan masu haƙa sun yarda sun koma 0.7 suka bar ladan da suka samu a ɗaya ɓangaren, sarƙar tsofaffin ta wuce gaba kowa ya dawo kanta. Gavin Andresen ya rubuta bayanin duka a takardar masu haɗa Bitcoin mai suna BIP 50, ka nemo shi ka karanta a tsanake.

Sadiq Kabuga: Nagode Injiniya. To amma ni ai na wuce 225,430 lafiya, me ya sa sai can gaba ta tsaya?

Injiniya Bashir: Saboda wancan bulok ɗin da ya jawo rigimar an yar da shi, ba ya cikin sarƙar da kake jawowa. Bayan rikicin aka fitar da 0.8.1 aka ba mutane wa'adi zuwa 15 ga Mayu 2013 kowa ya sabunta ko ya gyara saitinsa, sai a 16 ga Agusta bulok 252,451 ya zo ya zubar da duk wanda bai gyara ba, kai yanzu kana cikinsu. Gyaran ba wuya, ka tsayar da manhajar, ka shiga foldar da wallet.dat yake ka buɗe sabon fayil mai suna DB_CONFIG ba tare da .txt a ƙarshe ba, ka rubuta set_lk_max_locks 537000 ka ajiye sannan ka kunna. Wannan shi ne abin da aka ce masu tsohuwar su yi a lokacin.

Malam Nura Zoo Road: Kafin ka taɓa komai ƙanena duba min agogon laftof ɗin nan. Na sha gani a shago, tsohon laftof ƙaramin batirin nan mai kamar kwabo da ke kan allo ya mutu, da an kashe an kunna kwanan wata ya koma baya shekaru, ita kuma manhajar ba ta karɓar bulok ɗin da lokacinsa ya wuce agogonta da fiye da awa 2, sai ka ga mutum yana ta zagin netwok alhali agogo ne. CR2032 ne sunansa, a Beirut Road ko Farm Centre ba ya wuya. Na biyu kuma batirin laftof ɗin kansa yana riƙe caji? Don in an ɗauke wuta tana tsakiyar rubutu to Berkeley DB ba ya yafiya, kana iya dawowa ka tarar da blkindex.dat ya lalace ka faro daga sifili. Kuma kar ka riƙa danne maɓallin kashewa, a wannan tsohuwar bitcoind stop ake rubutawa a jira ta sauka da kanta, bitcoin-cli sai a 0.9 ya zo a 2014.

Sadiq Kabuga: Agogo daidai yake Malam, batiri ne dai ba ya wuce minti kaɗan.

Malam Nura Zoo Road: To ka ga wannan sai an magance. Ko ka canza batirin ko ka riƙa jona shi a layin inbata. Ka kuma sa a buɗe a hure fankar, ƙurar hunturun da ta wuce tana nan cushe a ciki kuma aikin nan yana sa furosesa aiki ba hutawa, da zafin garin nan sai ya riƙa rage gudu da kansa ko ya mutu, kar ka ɗora shi a kan katifa ko darduma.

Abba Gwammaja: Afuwan na shigo tsakiya, wai shi wannan nod ɗin in mutum ya kunna ana biyansa ne? don ina da desktof a gida ba abin da yake yi

Fati Tarauni: A'a Abba ko sisi. Nod tantancewa yake yi, ya karɓi bulok ya duba ko ya bi doka ya miƙa wa na gaba. A 2009 da Satoshi ya saki 0.1 wadda a Windows kaɗai take aiki, manhaja ɗaya ce take yin komai har da haƙa da furosesan kwamfuta, shi ya sa labarin ya bazu haka, amma tun 2010 katin girafik ya karɓe haƙar, 2013 kuma injinan ASIC suka zo suka rufe ƙofar. Duk wanda ya biyo ka ta bayan fage ya ce turo kuɗi ya kunna maka nod mai biya kullum ka toshe shi.

Sadiq ni abin da ya fi damuna shi ne kar ka saka ko satoshi ɗaya, wato ɓarin Bitcoin mafi ƙanƙanta, a walat ɗin tsohuwar nan. Ramukan da aka toshe tun daga lokacin suna da yawa, ba ta san sababbin tsarin ma'amala irin su SegWit da Taproot ba, kuma walat ɗin wancan zamanin makullan sirri 100 na kashe kuɗi yake tanada a gaba, in ka yi bakof ka ci gaba da amfani suka ƙare to sababbin ba sa cikin bakof ɗinka, mutane sun yi asara ta nan sosai kafin 0.13 ta zo da walat mai fitar da duk makullansa daga tushe ɗaya a 2016. Ka ɗauke ta abin gwaji kawai, in da hali ma a cikin VirtualBox. Sannan tambaya, wadda aka riga aka haɗa ka sauke ko kai ka haɗa ta daga kod?

Sadiq Kabuga: Wadda aka haɗa ce Anti Fati

Fati Tarauni: Yauwa ka tsaya a kanta. In ka haɗa da kanka da OpenSSL na baya-bayan nan, wato kod ɗin aron da take duba sa hannu da shi, za ka sake maƙalewa a wani wurin daban, don a Janairu 2015 OpenSSL sun tsaurara yadda suke karanta sa hannu sai ya riƙa ƙin wasu tsofaffin sa hannun da ke cikin sarƙar tuntuni. Abin da ya sa aka kawo BIP 66 kenan a shekarar, daga baya a 0.12 aka cire OpenSSL daga aikin tantancewa aka sa libsecp256k1 wanda ya ninka shi sauri. Ka sa wannan a babi ɗaya da na Maris 2013 don ciwo ɗaya ne, kayan aron da aka jingina da shi ya zama doka ba tare da kowa ya sani ba.

Musbahu: Ni fa ban ga amfanin wahalar nan ba, ni da na ɗauka tsohuwar za ta fi sauƙi tunda ƙarama ce, in haka ne ya sauke sabuwa ya sa prune=550 ta riƙa goge tsofaffin bulok ya huta mana

Injiniya Bashir: Musbahu mutane da yawa haka suke zato, kuma akasin haka ne, tsohuwar ta fi nauyi nesa ba kusa ba. 0.7 daga nod ɗaya take jan bulok a jere, in wancan ya yi sanyi kai ma ka tsaya, kuma duk kuɗin da za ta tantance sai ta koma cikin fayilolin bulok a disk ta nemo ma'amalar da ya fito, a tsohon had disk mai juyawa kana jin ƙarar allurar tana kai da kawowa. Pieter Wuille ne ya sake ginin a 0.8 aka ware kuɗin da ba a kashe ba kaɗai a ƙaramin rumbu. 0.10 a 2015 ta fara jawo kawunan bulok tukuna sannan ta ja gangar jikin daga nod da yawa lokaci guda, 0.11 ta kawo prune, 0.12 ta kawo blocksonly da maxuploadtarget masu rage cin data, 0.14 a 2017 ta zo da assumevalid da ke tsallake duba sa hannun tsofaffin bulok. Duk wannan aikin an yi shi ne don mai ƙaramar kwamfuta irin ta Sadiq ya iya ci gaba da bin sarƙar. Amma prune wurin ajiya kawai yake rage maka, sai ka jawo tarihin duka ka tantance kafin ta goge, sama da giga 600 yanzu, alhali a farkon 2013 bai kai giga 10 ba.

Musbahu: Giga 600 da datar waya?? Innalillahi. To ai da sun ƙara girman bulok tuntuni ko kuɗin turawa ya sauka, tunda dai nauyin ya riga ya yi yawa

Fati Tarauni: Yi lissafin da kanka. Bulok 144 ake samu a rana, a mega 1 da Satoshi ya sa a 2010 kusan giga 52 kenan a shekara in sun cika. Bitcoin Cash da suka ɓalle ranar 1 ga Agusta 2017 sun fara da mega 8, in da za su riƙa cika ya haura giga 400 duk shekara. Wanda ke Jamus da faiba a ɗakinsa ba zai ji ba, mu nan da muke auna data muna jiran wuta mu ne farkon waɗanda za su daina kunna nod, sai mu koma tambayar wasu nawa ne a asusunmu. Ni dai a nan ina tare da masu ƙaramin bulok.

Musbahu: Na ji amma talakan da zai tura dubu biyar ba ruwansa da nod Anti, kuɗin turawa yake kallo, lokacin cunkoson ƙarshen 2017 ai ƙananan turawa gagara suka yi

Fati Tarauni: Wannan gaskiya ne ban musa ba, kuma SegWit da ya fara aiki a Agustan 2017 ya ɗan buɗa wurin ai. Sadiq ka kawo hujjar ɓangarorin biyu a rubutunka, kar ka ɗauki tawa kaɗai.

Malam Nura Zoo Road: Maganar data ku bar ta. Ina da cikakken nod a shago a kan SSD mai tera 2, ba a yi masa prune ba. Sadiq ka zo da laftof ɗin mu haɗa da wayar netwok kai tsaye ka sa connect= da adireshin injina a bitcoin.conf, tsohuwar ta riƙa sha daga nan, ba ka ƙona ko mega ɗaya ba kuma ga sola. Dama tsofaffin nan wahalar samun abokan haɗi suke, na farkon ma ta IRC suke neman juna. Nod mai prune ba zai iya ba ka tsofaffin bulok ba shi ya sa shawarar Musbahu ba za ta yi maka a nan ba. Wanda kuma yake son kwafa don sabuwar manhaja ya zo da disk ɗinsa na ba shi foldar blocks har da ɗan fayil ɗin xor.dat in akwai, ya je ya yi reindex injinsa ya tantance da kansa. Chainstate, wato rumbun kuɗin da ba a kashe ba, ba na bayarwa, kuma kar ka karɓa a hannun kowa ko ni ne.

Injiniya Bashir: Allah ya saka Malam. Sadiq in ka je ka yi gwajin kashi biyu a laftof ɗaya, tsohuwar zuwa bulok 250,000 ka rubuta lokacin da ta ci, sannan sabuwar Bitcoin Core a wata folda daban da stopatheight=250000. Da ram giga 4 kar ka kai dbcache sama da 1000. Ka yi sabuwar sau biyu, ɗaya yadda take ɗaya da assumevalid=0, don malaminka zai iya cewa ai tsallake sa hannu ta yi shi ya sa ta fi sauri. In Malam zai ara maka ƙaramin SSD ka maimaita a kansa ka ga bambancin disk kaɗai.

Sadiq Kabuga: Alhamdulillah na sa DB_CONFIG ɗin ta wuce 252,451 yanzun nan, tana tafiya amma a hankali sosai. Malam Nura Asabar bayan azahar ya yi maka?

Malam Nura Zoo Road: Ya yi, ka taho da cajarka da filas, SSD ɗin akwai mai giga 240 a ajiye. Ka kwafi db.log da debug.log ɗin nan ka adana kafin ka taho, za ka buƙaci hoton kuskuren a cikin furojet.